Jatan Lande a Yajin Inna

"Baffa, kyankyasai ka kawo wa Inna tsaraba?"

Munira ce ta yi tambayar. Tana tsugune gaban ledar da Alhaji Falalu ya kwance a kan tabarma, ta toshe hanci da yatsu biyu. Shekarunta huɗu, kuma ba ta iya raɗa ba.

Alhaji Falalu, yayan babanta, ya yi dariya har hularsa ta karkace. Fataucin shanu yake yi zuwa Fatakwal. Da safiyar nan ya sauka Dutse, ya ratso ta Yalwawa ya gaida mahaifiyarsa, Inna Kubura, kafin ya wuce gida Kiyawa.

"Ji min 'yar nema," in ji Inna. "Mutum ya ɗauko abu tun daga bakin teku, ke ki ce kyankyaso?"

"To ai ga gashin baki. Ga ƙafafu kuma."

"Jatan lande sunansa," Alhaji Falalu ya ce, ya ɗauki guda ya ɗora mata a tafin hannu. Busasshe ne, ja-ja, a lanƙwashe, bai kai ɗan yatsanta ba. "A ruwan teku yake zama, shi da 'yan'uwansa kamar fara. Ɓawo ne da shi maimakon ƙaya. Akwai manya, akwai ƙanana irin waɗannan, su ake shanyawa a daka a miya. A kasuwa in kin je wajen mutanen Kudu, kirefish za ki ce su gane."

"Wane ne Lande?" in ji Munira.

"Wallahi duk yawona ban taɓa haɗuwa da shi ba."

Inna ta kai guda kusa da idonta mai ɗan gani, ta jujjuya shi. "Ya dai halatta?"

"Na tambaya, Inna. Abin ruwa ne, ba laifi. Ke da kike cewa bakinki ba ɗanɗano, wannan ko a ruwan zafi aka sa shi sai ya zama miya."

Murja, uwar yarinyar, tana bakin kicin tana tankaɗe garin dawa. Tun kafin a faɗi sunan, hancinta ya riga ya gaya mata. Rariyar ta tsaya a hannunta. Abin da take kallo kawai shi ne tafin hannun Munira, da yadda yarinyar take kai shi kusa da baki tana shinshinawa.

A daminar bara ne. Wata maƙwabciya, matar wani ma'aikaci da aka turo daga Kudu bayan an ba Jigawa jiha, ta aiko musu da alale. Munira ta ci loma biyu ko uku. Ba a jima ba leɓenta ya kumbura, jikinta ya yi ruɗu-ruɗu, tana kuka tana yakushin wuya. Lauratu, ma'aikaciyar jinya da ke haya a bayan gidansu, ita ta ba ta magani abin ya lafa, ita ce kuma ta je ta tambayi mai alalen abin da ta sa. Da ta dawo ta zaunar da Murja ta ce, "Jinin yarinyar nan ba ya son kirefish. Yau a fata ya tsaya. Wani karon yana iya sauka maƙogwaro, kuma in ya sauka nan ba ya jiran kowa. Ki gaya wa duk wanda zai ba ta abinci."

Ta gaya wa mijinta, Abdurrahim. Ta gaya wa maƙwabta. Mutum ɗaya ne ba ta iya gaya wa ba.

Munira 'yar fari ce. A gidan da Murja ta tashi, da gidan da ta yi aure, duk jinin makiyaya ne, kuma uwa ba ta kiran sunan ɗan fari. Ba ta goya shi a gaban surukai, ba ta tambayar ko ya ci, ko ya faɗi a gabanta sai ta kau da kai wani ya ɗaga shi. "Yarinyar nan" take ce mata, ita kuwa Munira "Adda" take ce mata kamar yadda ta ji ƙannen Murja suna faɗa. Inna Kubura ma, da furfurarta, ba a taɓa jin sunan Falalu a bakinta ba. Da Inna ta taho daga Kiyawa don a duba mata ido ta zauna da su, Abdurrahim ya ce shi zai gaya mata. Shi ma ɗin kunyar ce ta riƙe shi, yau da gobe, har aka tura shi kwas Kaduna. Dama abin ba ya shigowa gidan, sai suka ga kamar ba gaggawa.

Yanzu ga shi leda guda a tsakar gida.

Murja ta ajiye rariya, ta zo ta durƙusa a gefen tabarma. Ta miƙa hannu kamar za ta tattara ledar, ta kaɗe wanda ke tafin Munira ya faɗa ciki.

"Inna," ta ce, kanta a ƙasa, "wai na ji an ce abin nan ba kowa yake karɓa ba."

"Wa ya ce?"

"Wata ta asibiti."

"Su ai ko ruwan randa cewa suke ba ya karɓar mutum."

"Wai musamman yara."

Inna ta juyo da fuskarta gaba ɗaya. "Waɗanne yara? Yara nawa ne a gidan nan?"

Alhaji Falalu ya sake dariya, ba da mugunta ba. "Inna, zamani ne. Yanzu matan ma'aikata a tsakiyar kasuwa suke ƙwala wa ɗan fari kira. Amaryarmu dai ba ta kai nan ba tukuna, ko?"

Murja ta ji fuskarta ta yi zafi. Maganar tana nan a bakinta, gajeriya ce, ba ta fi numfashi ɗaya ba: ta taɓa ci, ta kumbura. Ta kalli tabarma, ta kalli ƙafar surukarta, ta ce, "Bari in ɗora tuwo."

Da ta kasa da baki, sai ta koma ga hannu. Inna ta damƙo mata jatan landen ta ce a sa a miyar kuɓewa, ta karɓa. Ta hura murhu biyu. Ƙaramar tukunya ta fara yi, ba komai a ciki sai daddawa da gishiri da ɗan nama, ta rufe ta ajiye a ɗakinta. Sannan ta yi babbar, da ludayinta daban. Ta wanke hannu da sabulu har gwiwa. Ta kira Munira ɗaki tun kafin a kwashe na manya, ta yi ta ɗura mata tuwo har yarinyar ta ce cikinta zai fashe, don kada ta je ta sa hannu a kwanon kakarta kamar kullum. Sauran ledar ta ɗaure ta rataye a ƙusar da ke can saman bangon kicin.

Dabarar ta ci. Aka ci abinci, Inna ta yaba miya har da suɗe kwano, Alhaji Falalu ya yi sallama ya tafi neman motar Kiyawa. Munira ta yi barci a tabarmar Inna, cikinta a gaba. Murja ta yi sallar azahar, ta yi godiya ga Allah, ta yanke a ranta cewa gobe za ta san yadda ta yi da ledar, ko ta ce ɓera ne.

Ta kwashi wanki ta zagaya bayan ɗaki wajen rijiya. Tana cikin cuɗa zanin gado ta ji ƙarar taɓarya a tsakar gida. Ba ta ɗaga kai ba. Inna ba ta yarda kowa ya daka mata yaji, ita take dakan abinta a ƙaramin turminta, ta zuba a wani tsohon gwangwanin madara da take ajiyewa a ƙarƙashin filo. Daga baya ta ji mai tallan dafaffen rogo ta yi sallama, ta ji Inna tana cinikin a ƙara mata gyara. Wannan ma kullum ne. Ta ci gaba da wankinta.

Tana shanya ta ji an ja mata zani.

"Adda, akwai tururuwa a bakina."

Ta waiwayo. Leɓen Munira na sama ya riga ya tashi. Idonta na hagu ya fara rufewa. A wuyanta da ƙirjinta fatar ta yi taswira, ja a kan baƙi, yarinyar tana sosa da hannu bibbiyu. A gefen bakinta akwai burbushin yaji.

Rigar da ke hannun Murja ta faɗi a ƙasa. Ta ja yarinyar zuwa tsakar gida.

"Inna, me ta ci?"

"Rogo ne muka ci da ƙawata. Me ya faru?" Inna ta jawo Munira kan cinyarta, ta lalubi fuskarta da yatsu. "Af, borin jini ne. Ɗauko manja a shafa mata, ta sha cokali guda. Kafin magariba ya kwanta."

Murja ta ɗauki gwangwanin yajin ta kai hanci. Ba ta ma buƙaci kallon ƙusar kicin ba, amma ta kalla. Ledar ba ta nan, ga sandar Inna jingine da bangon.

"Kin sa a yaji."

"Ɗan kaɗan, don ƙamshi. Ke kuma da rataye abu a sama kamar kina gudun kura. Manjan nake jira."

Munira ta yi tari. Ba irin tarin mura ba ne, busasshe ne, kamar haushin ɗan kwikwiyo. Ta buɗe baki za ta ce Adda, muryar da ta fito ba tata ba ce. Sai kuma wani sauti ya biyo baya, siriri, duk lokacin da ta ja iska, kamar ana hura karan dawa da aka fafe.

Murja ta san wannan sautin ko da yake ba ta taɓa jin sa ba. Shi Lauratu take nufi.

"Inna, ba ni ita."

"In ba ki wa?"

"Ba ni 'yata."

Tsohuwar ta buɗe baki. Murja ba ta jira ba. Ta sa hannu ta zare yarinyar daga cinyar kakarta, abin da ba ta taɓa yi ba tun ranar suna, ta tallabi fuskarta.

"Munira. Munira, dube ni. Ki ja numfashi a hankali, ina nan."

Sunan ya fita daga bakinta da nauyi, kamar ta ɗauki abin wani. Yarinyar ma, duk da halin da take ciki, sai da ta zuba mata ido ɗayan da ya rage a buɗe.

"Ina za ki?" Inna ta kira ta tana laluben sanda. "Mijinki ba ya gari, wa ya ba ki izini? Ko mayafi ba ki ɗauka ba."

"In ya dawo ya tambaye ni."

Ta fara zagayawa gidan Lauratu. Kwaɗo ne a ƙofa, tana wajen aiki. Ta juya ta nufi bakin titi da gudu, yarinyar a kafaɗa, ɗankwalinta yana zamewa.

Lokacin wahalar mai ne. Kwana da kwanaki motoci suna layi a gidajen mai, titin Yalwawa fayau, ba ko keke. A ƙarƙashin bishiyar da 'yan acaɓa suke tsayawa mutum ɗaya ne kawai, wani dattijo da ake ce wa Malam Mika'ilu, yana kwance a kan babur ɗinsa ya rufe fuska da hula.

"Baba, asibiti. Don Allah."

Ya ɗaga hular. "Hajiya, ba mai. Ɗan abin da ya rage na komawa gida ne, shi ya sa kika gan..."

Bai ƙarasa ba, don ya ji sautin. Ya dubi yarinyar, ya diro, ya kwantar da babur ɗin gefe guda ya girgiza shi don man ya gangaro, ya buga. Bai tashi ba. Ya sake bugawa. Murja tana tsaye tana jin ƙirjin Munira yana shiga yana fita a jikin nata, kowane ja ya fi na baya wahala. A bugu na gaba injin ya kama.

"Hau. Riƙe ta zaune, kada ki kwantar da ita."

Suka wuce layin motocin da ke bakin gidan mai, direbobi suna zaune a inuwar motocinsu suna bin su da kallo. Suka wuce duwatsun da rana ta gasa har suna walƙiya. Murja ta kafa bakinta a kunnen yarinyar tana ta kiran sunanta, ta yi salati, ta koma kiran sunan. Munira ta yi amai a kafaɗarta, rogo da yaji. Murja ta ji daɗi, ta ɗauka abin ya fita ke nan. Amma sautin bai tafi ba, ƙara siririncewa ya yi.

A kan ɗan hawan da ake hango katangar asibiti, babur ya yi tari ya mutu. Malam Mika'ilu ya fara kwantar da shi zai girgiza. Murja ta riga ta sauka.

Ta yi gudu a kan kwalta. Takalmi ɗaya ya fita, ta yar da ɗayan. Kwaltar tana cin tafin ƙafarta, ba ta ji ba sai washegari. Abin da ta ji shi ne hannun Munira da ke riƙe da wuyan rigarta ya saki. Kan yarinyar ya koma yana lilo. Kuma sautin nan da take ta roƙon Allah ya ɗauke, ya ɗauke. Shiru. Ba ta taɓa jin abin tsoro kamar wannan shirun ba.

Ta faɗa ɗakin gaggawa tana faɗa tun daga ƙofa, ba gaisuwa, ba sunkuyar da kai.

"Jatan lande ta ci. Kirefish. Jininta ba ya so, ta taɓa kumbura. Ba ta numfashi."

Wata ma'aikaciya ta karɓe ta ta shimfiɗa a gado, wata ta ruga kiran likita. Sai ga Lauratu ta fito daga wani ɗaki, ta ga ko wace ce, ba ta tambayi komai ba. Aka fasa wata 'yar kwalba, aka zuƙe, aka soka wa Munira a cinya ta cikin siket ɗinta. Yarinyar da take ihu in ta hango allura daga nesa ko motsi ba ta yi ba. Leɓenta ya koma kalar toka. Aka rufe mata hanci da baki da robar iska. Likita ya zo yana ba da umarni, Murja ba ta fahimci ko ɗaya ba. Wani ya ce ta fita waje, ta ƙi. Ta riƙe ƙafar yarinyar, ƙafar ta yi sanyi.

Aka sake soka wata allurar.

Can sai sautin ya dawo. Siriri, mai ban tsoro kamar da, amma ya dawo. Ya ƙara kauri. Ya zama tari. Tarin ya zama kuka, kuka mai ƙarfi irin na yaron da aka yi wa allura ba da son ransa ba. Lauratu ta sauke ajiyar zuciya ta dafa bango. Murja ta zame ta zauna a siminti, har yanzu tana riƙe da ƙafar.

Ana dab da kiran magariba Inna Kubura ta iso. A ƙasa ta taho, wata maƙwabciya tana jan hannunta, ta rungumo mayafin Murja a hammata. Ta tsaya a kan gadon ta lalubi goshin Munira, da ke barci fuskarta har yanzu a kumbure. Lauratu ta gaishe ta, ta yi mata bayani dalla-dalla: ba guba ba ne, mutane da yawa suna ci lafiya, jinin wannan yarinyar ne kawai ba ya so, kuma ba ruwansa da yawa ko kaɗan. Ta ambaci abin da ya faru bara.

Inna ta juyo wajen Murja. "Bara?"

"E, Inna."

"Da safe da kika zo kina ce min wai an ce, wai yara, kin sani ke nan."

Murja ta sunkuyar da kai.

"Kika bar ni na dangwala na sa mata a baki da hannuna." Tsohuwar ta warware mayafin ta yafa wa Murja a ka, ba a hankali ba. "Sunanta aka ce ki ji kunya. Wa ya ce miki ki ji kunyar ranta?"

Da aka sallame su, turmin yajin ba ya gidan. Inna ta sa an wanke shi da yashi, ta shinshina ba ta gamsu ba, ta aika da shi Kiyawa tare da gwangwanin da sauran ledar. Ba su sake tayar da maganar ba. Murja ta koma cewa "yarinyar nan" a gaban surukarta, sai dai wani lokaci sunan yakan suɓuce mata, Inna kuwa takan yi kamar kunnenta ma ya fara irin ciwon idon.

Tsoron ne bai tafi ba. Abin ya ƙara yawa a kasuwar Dutse, matan gari suka koyi sa shi a alale, a dafa-duka, a miyar taushe, a yajin jego. Dakakke ne, ba a ganinsa. Kuma in Murja ta tambaya ko akwai kifi a abinci, sai a ce mata babu, da gaskiya, don ba wanda yake lissafa shi cikin kifi, kayan miya ne kamar daddawa. Don haka ta koyi kiran sa da duk sunayensa. Gidan biki, gidan suna, makarantar allo, ko gaban wa, sai ta tare kwanon ta ce, "Akwai jatan lande a ciki? Kirefish fa? A yajin fa?" Ana yi mata dariya, wasu su ce ta cika rawar kai a kan 'yar fari. Ba ta sauke hannunta daga kan kwanon sai an ba ta amsa.

Ke da kike karanta wannan, in ɗanki ya taɓa kumbura bayan ya ci wani abu, ki faɗa wa duk mai sa masa loma a baki, ki faɗa ƙarara, da sunan yaron da sunan abin, ko a gaban wa kike. Kada ki ce wai an ce. In kuma kika ga leɓe ya tashi, murya ta canza, numfashi ya fara fito, kada ki tsaya neman manja, kada ki tsaya neman mayafi, kada ki jira kowa ya dawo. Ki ɗauke shi ki nufi asibiti a lokacin.